Ranar da Kawu Ya Tsayar da Takensa

Shekarar da aka tura mu ƙauyen su mahaifiyata, can bayan Maska, ni ne mai ɗaukar rediyo a cikin 'yan sojojin da aka ajiye a makarantar firamaren garin. Mutanen gari oba-oba suke ce mata. Akwati ce koriya mai nauyi, ana goya ta a baya cikin jaka, eriyarta na lilo a saman kai, ga kan magana mai murɗaɗɗiyar igiya da ake karawa a kunne. An haɗa da ni a tafiyar ne saboda na san hanyoyin wajen tun ina yaro.

Ban shiga soja don rediyo ba. Na taso ina karanta littattafan soyayya da ake bayarwa haya a kasuwar Funtua, kuma a cikinsu in an ce saurayi soja ne, to dogo ne mai faɗin ƙirji, in ya sauko daga mota 'yan mata su rasa inda za su sa idonsu. Ban taɓa cin karo da wanda aka rubuta yana zaune a kan bencin 'yan makaranta yana goge bakin batir da robar goge rubutu ba. Amma aikin da ya same ni ke nan, kuma a hankali ya shiga raina.

Kullum in na idar da sallar asuba sai in shimfiɗa tsumma a barandar aji in ɗora ta a kai. In kwance eriya, in duba gindinta ko tsatsa ta fara kamawa, in hure ƙasar da ta shiga ramukan da igiyoyi ke shiga, in goge ƙarafan batir har su yi ƙyalli. Batir ba ya son rana, ba ya son sanyin ƙasa, don haka a kan katako nake jera su a inuwa, farantin sola kuma in share shi in juya fuskarsa gabas. Da damina kan maganar a cikin ledar burodi yake kwana yake wuni, domin in ruwa ya shige shi muryarka za ta fita kamar ta mai mura. Ina yin wannan aiki ne lokacin da gari bai gama tashi ba, hayaƙin ɗumamen tuwo na fitowa daga gidaje, kuma ni a lokacin har cikin zuciyata nakan ji kamar wata halitta ce nake lallashi ta farka.

Daga nan sai gwajin safe. Za ka danna maɓallin da ke jikin kan magana, ka ɗan ja numfashi, ka faɗi lambar wanda kake kira da taka, ka tambaya ko ana jin ka, ka saki. Da Turanci ake yi, kuma a gajarce. Ba a kiran sunan mutum, ba a kiran sunan gari. Wannan ya ba ni wahala da farko, ni da na saba in zan ce wa mutum sannu sai na zagaya.

Wadda ke amsa mana daga babban sansani, can bakin titi, mace ce, kuma muryarta mai sanyi ce ƙwarai. Ban daɗe ba na gama ƙera mata fuska a raina, har da dogon hanci da fararen idanu. Wata safiya bayan ta ce tana ji na sarai, sai na ƙara da tambayarta yadda ta kwana. Shiru kawai na ji. Da na je sansanin domin canjin batir sai na tarar da ita: sajan ce babba, ta kusa sa'ar mahaifiyata, da tabarau a kan hanci. Ta dube ni ta sama da shi.

"Kai ne mai gaisuwa?"

"Ni ne, ranki ya daɗe."

"Iska ba zauren gidanku ba ce. Lokacin da kake tambayata kwana, wataƙila wani na can yana son ya ce an harbe shi, ka tare masa hanya." Sai ta miƙo mini batir ɗin, ta ce, "Amma lafiya lau na kwana."

Gidan Kawu, yayan mahaifiyata, yana bayan masallacin garin. Duk ranar da ba ni da aiki can nake zuwa in ci tuwo. 'Yarsa, wadda a yau ita ce uwar 'ya'yana, a lokacin taubashiyata ce kawai, tana koyarwa a Islamiyya, kuma ba ta taɓa barina in zauna lafiya ba.

"Bawana mai goyo, ka shigo? Ina ka baro jaririn?"

"Yana barci."

"To ka taka a hankali, kada ya farka ya fara kukan oba. Inna, kin ga ɗan naki, an aika shi yaƙi ya ɓuge da raino," in ji ta, tana waiwayar mahaifiyarta.

"Ke dai kawo mini ruwa."

"A ina ka taɓa ganin uwargijiya ta kai wa bawa ruwa?" Amma takan kawo.

Kawu ba ya cikin wannan raha a shekarar. Babbar gonarsa ta gado tana ƙetaren rafi, inda rabin garin ke da gonaki, kuma daga can daji ya fara. Shekarar da ta gabata masara ta nuna, babu wanda ya iya zuwa karya saboda 'yan bindiga, har ta ƙare a bakin ɓarayi da gara. Bana ma a sace aka yi shuka, a sace aka yi noma, mutum ya tafi da duku-duku ya dawo kafin hantsi, kunnensa na daji. Allah kuma ya ba da damina mai kyau. Wata ranar Juma'a muna zaune a zaure ya ce da ni, ba tare da ya kalle ni ba:

"Ɗana, na yi magana da iyali. In masarar nan ba ta shigo gida ba, ba za mu ƙara wata damina a nan ba. Zan kwashe su mu koma Funtua, ko gadi ne in yi."

Mutum ne da bai taɓa kwana uku a jere a wajen garin ba. Kabarin iyayensa na nan, itatuwan da ya dasa na nan. Na yi ƙoƙarin hango shi zaune a kan benci a ƙofar gidan wani yana buɗe wa mota ƙyaure, na kasa.

Dattawan gari sun je wajen Oga, hafsan da ke shugabantarmu, suka roƙi a raka su su yi gayya, a karye masarar ƙetare gaba ɗaya. Oga saurayi ne mai natsuwa, Hausarsa ta bariki ce amma ana gane shi. Ya ce zai raka su da sharaɗi guda: sai in rediyo na kaiwa har babban sansani daga can. Mu 'yan kaɗan ne, in wani abu ya taso dole a iya kiran taimako. Ba zai kai mata da tsofaffi inda in ya yi kira ba mai jin sa ba.

Ni ban damu ba, domin farkon damina mun taɓa zuwa sintiri har gonar Kawu, na yi kira aka amsa mini tas. Sai da muka koma gwaji ana saura kwanaki gayyar. Na tsaya a daidai inda na tsaya a da, na danna, na kira, na saki. Ba abin da ya dawo sai shuuu. Na canza batir. Na sa doguwar eriya. Na kwance kan magana na goge na mayar. Shuuu. Sai da na ɗaga kai na dubi inda nake tukuna na gane. Wancan zuwan, shuka ba ta wuce gwiwa ba, kana hango duniya har ƙarshenta. Yanzu dawa ta kewaye gonakin masarar ta kowane gefe, ta fi ni tsawo har da eriyata, ganyenta jiƙe sharkaf da raɓa, ga gonar kuma a kwari. Irin wannan rediyo tana son sarari, ɗanyen ganye mai ruwa shanye mata murya yake yi. Albarkar daminar ce da kanta ta rufe mana hanya.

Na gaya wa Oga cewa in aka ɗaga eriya ta haye kan dawar, mai yiwuwa a samu. Muna da doguwar igiyar da ake haɗa eriya da rediyo in an nisanta su, amma sandarmu ta ƙarfe tana kafe a makaranta, ba a cire ta. Kawu ya ce wannan ba abin damuwa ba ne, akwai ɗorawa a tsakiyar gonarsa, kuma zai sa a saro gora mafi tsawo a bakin rafi. Ba mu sami komawa gwaji ba, saboda an yi ruwa rafin ya cika, sai ranar gayyar ya janye. Oga ya ce to, za a tafi tare, a gwada a can. In hantsi ya yi ba a ji sansani ba, kowa zai ajiye abin da ke hannunsa a juyo gida.

Ban manta safiyar nan ba. Muka ƙetare rafi ruwa iya cinya, na ɗora rediyo a ka kamar mai tallar fura. A bayanmu maza da buhuna, amalanken shanu na bi ta mashigi, tsofaffin mata da 'yan mata ɗauke da ƙwarya da tukwane. Hazo na kwance a kan kwari, rana na fitowa ja a bayan dawa. Na ga taubashiyata ta tattare zane tana taka duwatsu, mayafinta ruwan goro, na ce a raina da marubutan nan sun ga wannan da sun daina kai masoya lambun otal.

A cikin taron har da makaɗin garin, tsoho mai furfura, rataye da gangar noma. Ba a saba kiɗa a karyar masara ba, ganga ta lokacin noma ce. Amma an daɗe ba a yi gayya a ƙetare ba, gangarsa na rataye a ɗaki har fata ta saki, kuma ya ce shi dai ba za a tafi a bar shi ba. Oga ya dube shi, ya dubi yawan jama'ar, ya ce taro irin wannan ko babu ganga ba ya ɓoyuwa, a ƙyale shi.

Muna isa sojoji suka watsu suka kama gefen daji. Mutane ba su jira komai ba, suka faɗa cikin masara. Ni kuma na ɗaure eriya a kan gorar da tsumman roba, na hau ɗorawa, aka miƙo mini, na ɗaga ta har ta zarce ganyen itacen, na ɗaure a reshe. Daga can sama na hango abin da na daɗe ban gani ba: kawunan dawa shimfiɗe har iyakar gani, iska na kaɗa su, can nesa kuma rufin kwanon garin na walƙiya. Na sauko, na haɗa igiya, na zauna a gindin itacen na kara kan magana a kunne.

A daidai lokacin makaɗi ya saki ganga.

Kowane manomi na kirki a garin yana da takensa, kiɗan da in an yi kowa ya san da shi ake, wani ma gadonsa ya yi daga ubansa. Makaɗin ya fara da na masu gonakin bakin hanya, yana bin su ɗaya bayan ɗaya, kowa ya ji nasa sai ya ɗaga hannu ya ƙara himma. Na danna na kira. Na saki. A ƙarƙashin shuuu ɗin kamar akwai wani abu, kamar mutum na magana a cikin rijiya, amma ganga ta danne shi. Na toshe ɗaya kunnen da yatsa. Na lulluɓe kaina da riga. Gangar noma ba a kunne kaɗai ake jin ta ba, har a ƙirji take bugawa. Igiyar kuma ba ta da tsawon da zan matsa nesa.

Oga ya zo ya tsuguna kusa da ni. "An samu?"

"Kamar ana amsawa, Oga, amma ban tabbata ba."

"Wannan 'kamar' ɗin ba ta isa ba. Sai na ji da kunnena." Ya dubi rana, wadda ta riga ta hau kan dawa. "Je ka ce a tsayar da gangar nan."

Na miƙe, sai na ji kiɗan ya sauya. Taken Kawu ne, wanda ya gada daga kakana. Ina ƙarami na sha jin sa a wannan gonar. Na hango Kawu a tsakiyar kunya, ya cire babbar riga, yana karya masara hannu biyu yana jefawa baya kamar saurayi, samari na binsa da buhu suna dariya sun kasa cim masa. Makaɗin na biye da shi taku-taku.

A garin ba a katse wa makaɗi take a tsakiya. In wani ya tsayar da shi, an ci mutuncin mai taken a gaban jama'a, abin da ake yi wa wanda ya yi abin kunya ke nan. Mai taken kaɗai ke iya sallamar makaɗi. Na faɗa wa Oga haka. Wani kofur da ke kusa ya ce shi zai je ya karɓe gangar kawai, Oga ya ɗaga masa hannu.

"Kawunka ne?"

"Shi ne."

"To je ka. Amma rana ba ta jiranmu."

Na bi kunyar ina ture karan masara. Taubashiyata na gefe tana tara wadda aka karya, ta ga fuskata, ba ta yi tsokana ba. Na isa gaban Kawu na durƙusa. Gumi ya jiƙe shi, idanunsa sun yi ja, kuma na san ba ƙaiƙayi ne kaɗai ya sa ba.

"Kawu."

"Ɗana, ka ji? Ka ji abin Baba?"

"Na ji, Kawu. Amma ba na jin sansani. Oga ya ce in bai ji su ba yanzu, juyawa za a yi."

Ya tsaya da masara a hannu. Ya dubi makaɗin, wanda bai san abin da ake ciki ba, yana ta zuba kiɗa idonsa a lumshe. Ya dubi buhunan da ba a ko cika rabinsu ba.

"Bai kai ƙarshe ba," in ji shi a hankali. "Akwai wajen da yake ambaton rafin nan."

Sai ya ajiye masarar, ya cire hularsa, wata tsohuwar zanna da ya fi so, ya taka ya ɗora ta a kan fatar gangar. Kiɗa ya mutu. Makaɗin ya buɗe ido.

"Malam, tun yanzu? Ko hannuna ya tsufa ne?"

"Hannunka na nan yadda na san shi. Na gode, na sallame ka. Yaron nan ke son jin mutanensa."

Kawu ya juya ya ɗaga hannu, maganar ta bi gona-gona: a yi shiru, soja zai yi oba-oba. Ban taɓa jin shiru irin wannan da rana ba. Mutane suka tsaya inda suke, wani da buhu a kafaɗa, wata da ludayi a hannu. Mai amalanke ya riƙe takunkumin shanunsa. Ba ka jin komai sai ganyen dawa na gogar juna da kurciya can cikin ɗorawa. Na koma gindin itacen duk idanu na kaina, na durƙusa, na goge tafin hannuna a wando. Na danna, na ja numfashi, na kira, na saki.

Shuuu. Sai ga muryar Sajan, siririya kamar zare amma kowace kalma a fili: tana ji na, da rauni, amma ana ganewa. Na miƙa wa Oga. Ya yi magana, ya saurara, ya faɗi lokutan da za mu riƙa kira, ya miƙo mini. Sannan ya miƙe ya ce da dattawa da Hausarsa, "A ci gaba da aiki."

Ba a yi sowa ba. Wata tsohuwa ta ce alhamdu lillahi, aka koma karya. Makaɗin ya zo ya leƙa rediyon, hular Kawu a kansa bisa tasa.

"Wannan 'yar muryar ce aka tsayar da ni dominta? Ko sauro ya fi ta ƙarfi."

"Ita ce, Baba."

"To ni da ita sai mu raba rana. In za ka kira, ɗaga mini hannu tun ina tsakanin take da take, kada ka ƙara sa ni in bar mutum a hanya."

Haka muka yi. In lokacin kira ya kusa sai in miƙe in ɗaga hannu, ya ƙarasa wanda yake kai ya dakata, in kira, a amsa, in sauke hannu. Taken Kawu dai bai sake yi ba, domin wanda aka sallama an sallama ke nan sai wata gayyar. Da azahar taubashiyata ta kawo mini dambu a kwano ta ajiye nesa da rediyon, ta ce kada jaririn ya sa hannu.

Kwanaki muka yi muna ƙetarawa. Kowace safiya in hau ɗorawa in ɗaura gora, kowace la'asar in kwance, domin ba a barin eriya a daji. Rana ɗaya hadari ya haɗo, na sauke ta da sauri saboda tsawa, Oga ya tattara kowa muka dawo da wuri, wata gona a can ƙurya kuma ba a kai gare ta ba har muka daina zuwa. Ba mu ga kowa daga daji ba, sai sawun babura da muka tarar wata safiya a bakin mashigi. Masarar Kawu ta shigo gida duka. Rumbunansa suka cika, sauran aka zuba a ɗakin da yake ajiye baƙi.

Bai ce da ni ya fasa tafiya ba, ni ma ban tambaye shi ba. Bayan sati na je gidan na tarar da shi a bayan gida, wando a naɗe, yana cuɗa ƙasa da ƙafa. Katangar wajen ta zube tun farkon damina, ya bar ta a haka, an kare da zana. Ya ga na tsaya ina kallonsa.

"Ka tsaya kamar baƙo," in ji shi. "Cire takalman nan ka ɗebo mini ruwa, ƙasar ta yi tauri."